Wanda Aka Manta a Bayan Murhu

Shekarar da aka yi jan rubutu a bangon gidanmu, ina aikin jinyar wata tsohuwa 'yar ƙasar Rasha a unguwar Abhur da ke bakin teku. Abubuwan nan biyu sun manne mini a kai, har yau ban iya tuna ɗaya ba tare da ɗayan ya biyo bayansa ba.

Ni haifaffiyar Jidda ce, haka ma Ummata. Kakanta ne ya taso daga ƙasar Hausa da ƙafa, ya sauke farali, ya yi zamansa. Gidanmu yana wani lungu kudu da Bab Makka. Mahaifin Umma ya gina shi ɗaki bayan ɗaki, duk lokacin da ya sami sarari, shi ya sa babu ƙofa biyu a gidan masu tsayi ɗaya. A ciki aka haifi Umma, kuma da mahaifinmu ya rasu ciki ta dawo da mu, ni da Yayana. A ƙofar gidan ta shekara da shekaru tana suyar masa, har bangon kicin ya yi baƙin da babu fentin da ke rufe shi.

A lokacin da nake ba da labari tsufa ya fara taɓa mata kai. Takan zuba gishiri sau biyu a miya, takan kira ni da sunan ƙanwarta da ta daɗe da rasuwa. Amma abin mamaki, cikin gidan nan ba ta taɓa kuskure. Ta san inda ashana take, ta san matakalar da ta fi sauran tsawo, ta san kusurwar da za ta fuskanta ta yi salla. Da ta taka bakin lungu kuwa, shi ke nan, sai ta tsaya tana kallon mutane kamar baƙuwa. Gidan ne ke riƙe mata da hankalinta, mu duka mun san haka. Sai ga shi wata safiya an rubuta kalma ɗaya da jan fenti a bangonmu da na maƙwabta: ikhla, wato a tashi. Za a rushe unguwar gaba ɗaya. Tun ranar tunanina ya zama ɗaya: yadda za mu fitar da Umma daga gidan nan ba tare da mun rasa ta ba.

Tsohuwar da nake wa jinya uwar matar gidan da nake aiki ce. Maigidan likita ne ɗan Sham, a Rasha ya yi karatu ya auro 'yarta, daga baya aka ɗauko uwar. Sitti nake ce mata, yadda muke kiran kaka a nan. Doguwa ce mai farin gashi da idanu kamar ruwan da aka wanke shuɗi, ƙafafunta sun kumbura, sai da sanda. Larabcinta na Sham ne, kuma a karairaye yake, nawa na Hijaz, sai mu haɗu a tsakiya, abin da baki ya kasa hannu ya ƙarasa. Ni ke mata wanka, in shafa mata mai a ƙafa, in ba ta magani. An ba ta ɗaki mai kallon teku, ɗakin da ni da zan samu ko abinci ba zan nema ba, amma baiwar Allah ba ta da wurin zama sai kicin, a kan wata kujerar roba kusa da murhun gas.

Bayan azahar gidan kan yi tsit, kowa ya shige ƙailula, ba ka jin komai sai kukan mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki. A lokacin ne take fara tatsuniya. Ranar farko na dakatar da ita.

"La, ya Sitti, mu a wurinmu ba a tatsuniya da rana. Ummata ta ce wanda ya yi, ɓata zai yi."

Ta dubi taga, rana na ƙwalla kamar za ta narkar da gilashin. Ta ce, "A garinmu in sanyi ya shigo, warhaka duhu ya fara. Ni agogona yana can."

To, wa zai yi musu da wannan? Na ci gaba da yankan albasa, ita kuma ta ci gaba da nata. Ta ba ni labarin dajin da in ka shiga da rigarka daidai sai ka ɓata, sai ka juya ta bai-bai hanya ke fito maka. Ta ba ni na kogin da matan ruwa ke zama a bakinsa suna taje gashi, da na murhun ƙasarsu, wanda ta ce girmansa ya kai rabin ɗaki, a cikinsa ake gasa burodi, a kansa tsofaffi da yara ke kwana don ɗumi. Abin da ya riƙa ƙona mini rai a tatsuniyoyinta shi ne kullum 'yan'uwa uku ne, kuma kullum autan, rago, wawa, wanda ya wuni kwance a kan murhu, shi ke auren 'yar sarki. Na ce mata wannan zalunci ne, mu da muke tashi tun asuba fa? Ta ce ai don haka ake kiranta tatsuniya. In ta kai ƙarshe takan ce ita ma ta je bikin, an ba ta abin sha, ya zuba ta haɓarta bai shiga bakinta ba. Na koya mata yadda muke rufe tamu, ƙurunƙus kan ɗan ɓera, na fassara mata. Sai ta tambaye ni laifin me ɓeran ya yi.

Wata rana ina share bayan murhu na ci karo da ɗan faranti, da gutsuren burodi da gishiri a kai, tururuwa ta yi masa layi. Na zubar. Washegari na sake samun wani. Da na kai ƙara wurin matar gidan, sai ta kau da kai ta ce in riƙa zubarwa kawai, kada in ce komai. Ni kuwa Allah bai yi ni da iya shiru ba. Ina komawa kicin na ɗaga farantin na ce, "Ya Sitti, esh hada, mene ne wannan? Tururuwa muke kiwo?"

Ba ta yi dariya ba. Kuma na lura ba ta fara da buɗin da take fara tatsuniya da shi ba, na wata masarauta can bayan ƙasashe. Kai tsaye ta shiga, da muryar da ake ba da labarin maƙwabci.

Ta ce a ƙasarsu kowane gida yana da tsohonsa. Ɗan ƙarami ne, mai gashi a jiki, a bayan murhu yake zama, kuma waɗanda suka taɓa ganinsa sun ce fuskarsa irin ta wanda ya fara gina gidan ce. Ba a kiransa da suna, Kaka ake ce masa. Ba ya cuta in an girmama shi, iyakarsa ya ɓoye cokali in an bar gida da ƙazanta. Shi ke riƙe da gida. In za a ƙaura, sai kowa ya zauna a kan kayansa, a yi shiru na ɗan lokaci, sannan babbar macen gidan ta ajiye tsohon takalmi a gindin murhu ta ce da ƙarfi: Kaka, ga abin hawa, zo mu tafi sabon gida. Ta ɗaga yatsa ta ce mini ba a ɗaukarsa da ƙarfi, ba a ɗaukarsa da wayo. Tambayarsa ake yi. In ba a tambaye shi ba, ko an kwashe komai har ƙusar bango, shi yana nan.

Ta ce a ƙauyensu wasu mutane sun yi sabon gida a ɗaya gefen rafi, murna ta sa suka manta. Duk lokacin sanyin nan, masu wucewa ta tsohon gidan da tsakar rana suna jin kuka a ciki, siriri, ba na yaro ba, ba na kyanwa ba. Babu sawu a kan ƙanƙarar ƙofar, babu hayaƙi. Ta ce ita ma ta ji da kunnenta tana yarinya, tana dawowa daga ɗebo ruwa, kuma abin da ya fi ba ta tsoro shi ne kukan yakan tsaya in ka tsaya, kamar mai shi yana sauraren ko su ne suka dawo.

Na ce, "A'uzu billahi. Wannan ai aljani ne, ya Sitti. Mu karatu muke musu, ba burodi ba."

Kamar ba ta ji ni ba. Ta ce da mijinta ya rasu 'yarta ta je ta ce ta shirya, wata biyu kawai, a duba mata ƙafa ta dawo. Mota na jira a waje, direba na danna oda. Ba ta zauna ba, ba ta kira kowa ba, don me za ta kira, tunda wata biyu ne? Ta ƙirga mini shekarun a yatsunta, hannu biyu ba su isa ba. An sayar da gidan, daga baya ta ji rufin ya faɗa. Ta ce ta san babu kowa a bayan wannan murhun na gas, ba mahaukaciya ba ce. Tana ajiye burodin ne ko da Kakan ya biyo ta da ƙafa.

Ban san abin da ya sa ba, a ranar na ba ta labarin jan rubutu da halin da Umma take ciki. Ta saurara har na gama, sannan ta ce, "Kin gaya wa mama?"

"Ba za ta gane ba. Ko ta gane, kafin la'asar ta manta."

"Gaya mata. Zaunar da ita a ɗakinta, ki ce mama, zo mu tafi. Za ta yi kuka, bar ta ta yi. Ko ta manta, an dai tambaye ta."

Na ce insha Allah, kuma har zuciyata na yi niyya. An ce in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. Ga gemu yana ci a gabana kullum, a kan kujerar roba, amma ban shafa ba.

Yayana direba ne a wata masana'anta, shi ya samo mana shaƙƙa, ɗakunan haya a gidan bene, a hawa na uku kusa da Madinar Masana'antu. Mutumin kirki ne, amma duk abin da zai kawo hawaye gudunsa yake kamar wuta. Ya ce in muka gaya wa Umma za ta rungume ƙofa, a taru a kanmu, hawan jininta ya tashi. Dabararsa ita ce in fita da ita a tasi da sunan asibiti, in yi ta zagaye da ita, shi da masu taya shi kuma su loda kaya a dabbab, ƙaramar motar kayan nan, kafin mu isa sun jera mata ɗaki. Na ce anya? Ya ce, "Ya ukhti, halas, ya isa haka, kada ki ƙara mana wahala a kan wahala." Na amince. Gaskiyar magana ni ma tsoron kukan nake ji, sai na ji daɗi da aka sami wanda zai ɗauki laifin.

Ranar ta zo. Da hantsi ne, Umma na zaune a kicin tana cin shinkafa da wake a kwanonta na silba. Na sa mata abaya. Ta ɗago ta dube ni, kuma wallahi a wannan lokacin idonta garau yake, ta san ni sarai.

"Ina za mu?"

Maganar tana bakina, na riga na tsara ta tun kwana uku. Yaya ya leƙo daga soro ya ce, "Yalla, yalla, tasi na jira."

Na ce, "Mustashfa, ya Umma. Awo kawai za a yi miki."

Ta ce to. Ta ɗauki faifai ta rufe kwanon, ta ce in mun dawo ta ƙarasa. Ta sunkuyar da kai a gajeriyar ƙofar kicin yadda ta saba, ta bi ni, ko waiwaye ba ta yi ba.

A sabuwar shaƙƙa mun jera mata komai yadda yake a da, gadonta, akwatinta, har carbinta a ƙusa. Ko kallon ɗakin ba ta yi ba. Ta ja kujera zuwa bakin ƙofar fita ta zauna, abaya a jiki, jaka a cinya, tana jiran likita ya kira ta. Haka ta yi washegari, haka ta yi mako guda, haka wata. In an kawo abinci ta ci loma biyu ta ce ya isa, ta bar nata a gida. In lokacin salla ya yi sai ta miƙe ta yi ta juyawa a tsakar ɗaki tana neman kusurwarta. Ta daina kirana da sunan ƙanwarta, abin da a da yake ba ni haushi, na koma ina roƙon Allah ta kira ni da shi. Sista ta koma ce mini, yadda ake kiran ma'aikatan jinya, cikin ladabi, tana tambaya ko layin ya kusa zuwa kanta.

Cikin mako na uku na tuna mun bar tandar masarta, na ce ko ganinta zai taimaka. Na tafi tsohuwar unguwa ni kaɗai da tsakar rana. An yanke wuta, an ciccire ƙofofi da tagogi, lungun da ban taɓa jinsa shiru ba tun haihuwata ya yi tsit, ko kyanwa babu. Na shiga gidanmu. Ina isa ƙofar kicin bakina ya yi sallama da kansa, kuma na tsaya ina jiran amsa. Kwanon yana nan inda ta ajiye shi, faifan a kai, babu wanda ya taɓa. Ni mai salla ce, ban yarda da wani tsoho a bayan murhu ba, a lokacin ban yarda ba, yanzu ma haka. Amma na rantse kicin ɗin nan ba kango ba ne. Akwai zaman mutum a cikinsa, irin yadda kake sanin akwai wani a ɗaki tun kafin ka ɗaga labule. Da na tsaya cak sai na ji kamar an tsaya ana saurarena. Na karanta abin da ya zo bakina, na fita da baya da baya. Sai da na kai bakin titi na ga ban ɗauko tandar ba.

Sitti ba ta tambaye ni komai ba tsawon makonnin nan, kallona kawai take. Ranar da na dawo daga wannan tafiya ina shafa mata mai, sai ta ce, "Ba ki tambaye ta ba."

Na fashe da kuka a kan ƙafarta, ni da nake mata faɗa kullum.

Ta bar ni na yi mai isata, sannan ta ce a ƙauyensu in an yi wannan kuskure akan koma. A je tsohon gidan, a zauna, a ba da haƙuri, a yi kiran daga farko. Wani lokaci yakan biyo. Ta ce amma in yi sauri, tun rufi na sama.

Na kai wa Yaya maganar a daren, ban ce daga ina na samo ta ba, don da ya ce na fara bin addinin Rasha. Ya ce mayar da ita zai fama mata ciwo ne kawai. Muka yi ta ja, mako ya wuce, wani ya bi. Sai da ya ga Umma ta fara ƙin shan ruwa, zobenta na zamewa daga yatsa, sannan ya ce to, Juma'a mai zuwa.

Da safe muka je, kafin rana ta yi zafi. Wata huɗu ya rage wa Umma a duniya a ranar, ba mu sani ba. Yaya ya tsayar da mota inda titi ya ƙare, don daga nan babu sauran komai. Fili ne fetal, farar ƙasa da ɓaraguzai an baje su, ido na kaiwa har inda ban taɓa sanin ana hangowa daga unguwarmu ba. Masallaci ɗaya aka bari a tsaye can gefe. Na tsaya ina ƙoƙarin auna inda gidanmu yake daga hasumiyarsa, na kasa. Yaya ya kifa kai a sitiyari ya ce shi ba zai iya fita ba.

Umma ce ta buɗe ƙofa da kanta. Matar da sai an riƙe ta take zuwa banɗaki, ta kama tafiya a filin nan ba ko sanda. Ba ta miƙe ba. Ta yi gaba kaɗan ta karya dama, inda shagon mai burodi yake a da, ta raɓa ta gefe inda kwata take, ta sake karyawa hagu. Ina bin ta a baya, ina ganin lungunmu yana fitowa daga ƙafafunta. Ta tsaya, ta cire takalmanta ta jera su, ta ɗaga ƙafa ta haye dokin ƙofar da babu shi. Ta yi taku shida, ta sunkuyar da kai, ta zauna a ƙasa. Ta cire abayar da ta ƙi cirewa kusan wata biyu, ta ninke ta a gefe, ta sauke ajiyar zuciya.

Ni ma na cire nawa takalman. Na durƙusa a gabanta, ƙasar har ta fara ɗaukar zafi, na yi shiru na ɗan lokaci, sannan na kama hannunta.

"Umma, ki yafe mini. Ba asibiti muka je ba, tashi muka yi. An rushe gidan. Zo mu tafi sabon gida, ya Umma, don Allah zo mu tafi."

Ta dube ni da fara'a, irin wadda take wa baƙo, ta ɗan bubbuga bayan hannuna.

"Sista, Allah ya yi miki albarka da kika rako ni. In kin koma, akwai 'yata a can, doguwa, mai faɗa. Ki ce mata ta dawo haka nan. Sun fita tun hantsi sun bar ni ni kaɗai a gida, ba wanda ya ce mini komai."

Na ce to, zan gaya mata.